Dalmar da Ta Cinye Hannun Abokina

Shekarun baya, tun ina da ƙarfin taka keke daga Bunkure zuwa Kura da kaya jibge a baya, na yi wa wani bawan Allah abin da har yau in na tuna sai abinci ya fita daga raina. Da jiya tana dawowa, ranaku biyu zan roƙa a ba ni in gyara: ranar da na sauke matattun batiran mota a ƙofar rumfarsa, da ranar da likita ya yi mini tambaya na ce a'a. Mutumin nan abokina ne, kuma ban sake yin aboki kamarsa ba.

Tare muka tashi. Mahaifinsa malami ne mai makarantar allo a zaure, a gabansa muka yi karatu. Abokina yana da i'ina mai tsanani, kafin ya fitar da kalma ɗaya ni na ƙare labari na kama wani. Don haka tun muna yara ni ne bakinsa, in an aike shi ni nake isar da saƙon. Shi kuwa a hannu Allah ya zuba masa baiwa. Ni ko ƙusa na ce zan buga, yatsana nake samu. Na yi firamare na tsaya, ban fito da komai ba sai surutu.

Da muka zama samari ya tafi birni ya koyi zubin tukwane da goran ruwa, wato farin ƙarfen nan mara nauyi da ake narkawa. Ya dawo gida a farkon shekarun 1980, lokacin da ruwan dam ya wadata a magudanai, noman rani ya kankama. Tumatir, alkama, albasa, kowa ya sami abin yi, mata suka fara raina tukunyar ƙasa. Ya kafa rumfa a bayan gari, ya haɗa abin hura wuta da wilin keke, ya ce in zo mu yi tare: shi ya ƙera, ni in sayar. Yana kirana Dillali, ina kiransa Ɗan Malam.

Abin da ya raba shi da sauran masu zubi shi ne ba ya kwaikwayon kayan kowa. Sai ya zo gidanmu ya tsuguna a bakin madafa yana kallon mahaifiyata tana girki, don ita ɗa ta ɗauke shi.

"Kai Ɗan Malam," in ji ta, "maza suna can suna ban ruwa, kai kana gindin murhu? Ko in miƙo maka muciyar ne?"

Sai dai ya yi dariya. Ashe kallon nan aiki yake yi. Ya ga ludayi yana sulɓewa cikin miya in ta jingina shi, sai ya zuba wani mai 'yar ƙugiya a ƙota, ana rataya shi a bakin tukunya. Ya ga tandar waina ta ƙasa tana yawan fashewa, ya yi ta ƙarfe mai mariƙin itace. Ya ga yadda take yamutsa fuska in za ta sauke tukunya daga wuta, sai ya yi tukunya mai kaurin gindi amma jikinta shafal, don kada tuwo ya kama, kada kuma ta karya wa mace wuyan hannu. Kowane abu sai ya fara sassaƙa siffarsa da itace, ya danna a cikin ƙasa mai laima, sannan ya zuba narkakken ƙarfe a gurbin. Na farko kullum mahaifiyata ake kai wa. In ta ce bai yi ba, ya narkar ya sake.

Wanda ya fi fito da sunansa shi ne kaskon tumatir. In tumatir ya yi yawa a gonakin Kadawa, har a bakin titi ake zubar da shi yana ruɓewa. Sai ya yi wani faffaɗan kasko mara zurfi, mai ɗan baki a gefe, wanda mace za ta zuba markaɗaɗɗen tumatir ta ƙone ruwansa ya yi kauri, ta juye ta adana. Da wannan kaskon na zagaya kasuwannin Kura da Bunkure da Garun Mallam har Dawakin Kudu. Ya yi aure, na yi aure, duk daga cikin rumfar nan.

Daga baya soja suka karɓi mulki, komai ya yi tsada, goran ruwa ya yi wuyar samu. Ga kuma 'yan birni sun fara kawo tukwanensu masu kauri. A wajenmu kuwa babbar mai sayen tukunya uwar amarya ce, ita kuma da hannu take saye, ba da ido ba. Za ta ɗaga tukunya ta jinjina. In ta ji nauyi ta ce mai ƙarko ce, domin ranar jere dangin miji ma sai sun bi kayan sun ɗaga ɗaya bayan ɗaya.

Wata ranar kasuwar Kura wata dattijuwa ta ɗaga tukunyarmu ta dube ni.

"Ɗan nan, wannan tukunya ce ko ƙwarya?"

Na ce, "Hajiya, da gangan aka yi ta haka, don kada ta gajiyar da amarya."

"Amaryar ni na haife ta, na fi ka sanin ƙarfinta. So kake dangin miji su ɗaga da ɗan yatsa, su ce kayan wasan yara na yi wa 'yata?"

Ta ajiye ta wuce rumfar 'yan birni. Mutane suka yi dariya. Ni kuwa babu abin da na tsana a duniya irin a yi mini dariya a kasuwa.

Wani mai cajin batir a bakin titin Garun Mallam ne ya ba ni shawarar. Ya ce a cikin mataccen batirin mota akwai dalma, ƙarfe ne mai nauyin tsiya kuma ga araha, in an jefa kaɗan a cikin zubi tukunya za ta yi nauyi. Ban yi shawara da kowa ba, na tattaro batirai a amalanke na sauke wa abokina a ƙofar rumfa.

Ya fito yana share gumi ya ce, "Me... mene ne wannan?"

Na yi masa bayani, har da kwaikwayon muryar dattijuwar nan don ya yi dariya. Bai yi ba.

"Dillali, da... da gangan na cire nauyin nan. Yanzu ka ce in mayar?"

Na ce, "Mata nauyi suke so."

"Masu saye ne suke so. Ma... masu girki ba sa so."

Ya ƙara da cewa maigidansa na birni ba ya barin dalma ta kusanci abin da za a ci abinci a ciki, kuma hayaƙinta ba shi da kyau. Na ce camfin tsofaffi ne. Muka yi ta ja, ya kafe. Da na ga haka sai na ce, "To shi ke nan. 'Yan birni sun daɗe suna nema na in riƙa sayar musu. Kai ka ɗauki kayanka ka kai kasuwa, ka yi ciniki da bakinka."

Da bakinka, haka na ce masa. Na san sarai inda na soka. A lokacin matarsa tana da tsohon ciki. Sai ya shiga ciki ya ɗauko guduma ya fasa batir na farko.

Abin da ban sani ba, ko kuma ban damu in sani ba, shi ne dalma da goran ruwa ba sa shiri. Da sun narke sai ita ta kwanta a ƙasa. In ana so su haɗu sai mutum ya tsaya a kan tukunyar narki da sandar ƙarfe yana juyawa har zuwa lokacin zubi. A da can gefe yake zama har ƙarfe ya narke, yanzu kuwa fuskarsa a cikin hayaƙi take wuni. Ga wani toka-tokan gari da yake fita daga cikin batiran, ya bi masa hannu da riga. A nan rumfar yake cin gurasarsa, a nan yake ɓare goro.

Kasuwa kuwa ta buɗe. Iyayen amare suna ɗagawa suna gyaɗa kai. Na sauka daga keke na hau babur, na sayi agogo, ina tafe ina jin ni ne mai dabara.

Mahaifiyata ce ta fara tsayar da ni. Na kai mata sabon kaskon tumatir, bayan 'yan kwanaki ta turo mini shi da ƙafa.

"Ɗauke abin nan daga gidana. Tumatir ya yi duhu a ciki, miyar kuma tana wani zaƙi-zaƙi da ban san shi ba. Wa ya ce ku ƙara masa nauyi? Wannan ba tunanin Ɗan Malam ba ne, naka ne."

Na ce tsufa ne ya fara taɓa mata harshe. Ta ce to, ta koma kan tsohon kaskonta. Ni kuma na wanke wancan na kai kasuwa na sayar wa wata.

Ba a jima ba abokina ya fara ciwon ciki, irin mai murɗawa har sai ya durƙusa. Ya rame, ya yi fari. Mutumin da ban taɓa jin ya ɗaga murya ba ya koma mai faɗa, abu kaɗan ya yi jifa da awartaki. Mutane suka ce sammu ne, 'yan birni ne suke baƙin cikin kasuwarsa. Babu wanda ya kai ni yaɗa wannan magana, don ta yi mini daɗi. Mahaifinsa ya yi ta yi masa rubutu yana sha, tsohon yana ta addu'a a kan maƙiyan ɗansa, ni kuma ina gefe ina cewa amin.

Wata safiya ina rumfar, ya kama tukunyar narki da awartaki zai zuba, sai hannunsa na dama ya saki. Daga wuyan hannu ya lanƙwashe ƙasa kamar ganyen da rana ta doka. Narkakken ƙarfe ya malale a ƙasa dab da ƙafarsa. Ya yi ta ƙoƙarin ɗaga yatsun, suka ƙi.

Ni na raka shi asibiti a birni. Likitan wani dattijo ne mai haƙuri. Ya duba hannun, sannan ya ja leɓensa ƙasa ya daɗe yana kallon dasashinsa. Ya tambaye shi sana'arsa. Abokina ya fara magana ta sarƙe, ga layi a waje, sai na karɓe kamar yadda na saba.

"Zubin tukwane yake yi, likita."

"Yana taɓa batirin mota? Ko dalma?"

Kafin ya rufe baki zuciyata ta gama lissafi. In na ce e, magana za ta fita, duba-gari su zo su kwashe kaya, zamanin kuwa ba na wasa ba ne. Ga azumi ya matso, lokacin da ake rububin aurar da 'ya'ya, na riga na yi wa iyayen amare alkawari gari-gari.

Na ce, "A'a, likita. Goran ruwa ne zalla."

Likitan ya juya wajen abokina ya ce, "Haka ne?"

Abokina ya dube ni. Ba kallon fushi ba ne, da na fushi ne da ya fi mini sauƙi. Sai ya sunkuyar da kai ya gyaɗa.

Likitan ya ce, "Abin da na gani ya yi kama da gubar dalma. In ita ce akwai abin da za a yi, amma sai an faɗa mini gaskiya. Ko ma mene ne dai, ya nisanci hayaƙin nan." Ya rubuta masa ƙwayoyi muka fito.

Muka kama hanyar tashar mota. Na saya masa ayaba, ta zauna a cinyarsa har muka sauka. A hanyar gida na ce, "Ɗan Malam, ka daure mu fita kunyar matan nan. Da an ga watan azumi sai ka huta, wallahi ni da kaina zan rufe rumfar."

Washegari ya fito aiki. Hannun ba ya iya riƙe sandar juyawa, na hagu kuma shi kaɗai ba ya isa. Sai na yanko roba daga tsohuwar tayar keke, na ɗaure masa sandar a dantse. Da hannuna na ɗaure, na ja na ƙulle. Ya kalli ƙullin ya yi murmushi.

"Yau ka... ka iya aikin hannu, Dillali."

Na yi dariya. Allah ya sani na yi dariya.

Ba a kai ga ganin watan ba hannun hagu ma ya saki. Bayan haka ya yanke jiki ya faɗi a tsakar gida. Ina kasuwa a lokacin. Matarsa da yayanta suka mayar da shi asibiti, ita kuma da take wanke masa riguna ta san abin da take wankewa, ta faɗa wa likita komai. Da na je dubiya na same ta a baranda da jaririya a baya. Ita ce kullum in ta gan ni take tsokanata, ta ce ga Dillali mai sayar da ruwa a bakin kogi. Ran nan ko murmushi babu.

"Malam," in ji ta, "likita ya ce da an faɗa masa tun zuwan farko da hannu ɗaya aka tsaya, watakila ma ya dawo. Ya ce wanda ya rako shi ne ya ce babu. Na tambayi maigidan ko wane ne, ya ƙi faɗa mini. Ni dai na san mai yi masa magana tun yana yaro."

Ta gyara goyonta ta shige ciki.

Ya daɗe a asibiti. Ciwon cikin ya lafa, amma hannayen ba su dawo ba, kuma aka ce gubar ta taɓa ƙoda. Rumfa ta mutu. Siffofin itacen nan da ya sassaƙa suna rataye har gara ta cinye su. Ni kuwa na ɗauke ƙafa. In zan fita gari sai in zagaya ta bayan magudanar ruwa don kada in bi ta ƙofar gidansu. Mahaifiyata ce take dafa abinci ta kai da kanta. Wata rana ta dawo ta ce mini, "Abin da ka yi daban, gudun nan da kake yi daban. Kullum sai ya tambaye ka."

Duk da haka sai da ya aiko a kira ni sannan na je. Na same shi a zaure a kan tabarma, hannayen suna kwance a cinyarsa kamar na aro. Na shirya maganar neman gafara tun daga gida. Kafin in fara ya ce in matso in ga wani abu. Ya ce abin da ya fi damunsa shi ne a ba shi abinci a baki a gaban 'yarsa. Don haka ya yi tunanin wani cokali: a yi masa zobe mai faɗi da zai shiga dantse, ƙotar kuma a lanƙwasa ta ta fuskanci baki. Da babban yatsan ƙafarsa ya zana mini shi a ƙasa.

Na kai wa masassaƙi bayanin, ya sassaƙa shi. Na kawo, ya gwada ya ce lanƙwasar ta yi yawa. Na mayar. Na kawo, ya ce zoben yana zamewa. Haka muka yi ta yi har ya yarda. Ranar aka kawo masa shinkafa da wake, na zura masa cokalin a dantse, ya ɗiba ya kai baki da kansa. Rabi ya zube a rigarsa. Ya yi ta dariya har da hawaye.

"Dillali, wa... wannan kam ba za ka sami mai saye ba. Kasuwarsa mutum ɗaya ce."

A nan ya kamata in faɗi abin da ya kawo ni. Sai na ga yana cikin farin ciki, na ce kada in ɓata masa, bari sai wani zuwan. Na ɓige da ba shi labarin farashin tumatir. Wani zuwan ma haka, na bayansa ma haka. Shi bai taɓa tayar da maganar ba, ni kuma na laɓe a bayan shirunsa. Da damina ta faɗi jikinsa ya kumbura. Na bi motar albasa zuwa kudu neman abin sawa a baka, kafin in dawo an binne shi.

Yau na tsufa. In na shiga kasuwa nakan ga ludayi mai ƙugiya da faffaɗan kasko a kowace rumfa, masu yi da masu saye babu wanda ya san daga kan wa aka fara. Tukwanen da muka zuba da dalma kuwa, na bi na karɓo 'yan kaɗan da na iya tunawa na binne su. Sauran sun bi amare gidajen da ban sani ba. Ban san yaran da suka ci tuwo a cikinsu ba, ban san abin da ya same su ba, kuma ba zan sani ba sai ranar da za a tambaye ni.

Ina istigfari, amma a zauren mahaifinsa aka koya mana cewa haƙƙin mutum sai mai shi ya yafe. Bayan shekaru na tattara ƙarfin hali na je wajen matarsa na roƙe ta. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce, "Malam, ai ba ni ka yi wa ba." Ba da zafi ta faɗa ba, gaskiya ce kawai, kuma babu inda zan kai ta.

Don Allah, ku da kuke karanta wannan, kada ku yi irin tawa. In wani ya amince muku har ya bar ku kuna magana a madadinsa, to ku faɗi abin da da shi zai faɗa, ko da kasuwarku za ta mutu a ranar. In kuma kun riga kun cuce shi, ku je ku same shi yau, ko yana dariya ku katse shi ku roƙa. Ni na jira lokacin da ya dace, ga ni nan har yanzu da maganar a bakina.